Shagona na Bakin Tasha

Ku ɗiyana, da ku jikoki da kunka taso kuna tsintar maganar nan gutsure-gutsure a bakin mutane, yau ga ta ɗungurungum daga bakin mai ita. Na san abin da ake faɗi in na ba da baya. Wasu sun ce sammu anka yi mini. Wasu sun ce tun lokacin tsufa ya fara taɓa mini kai. Har da mai cewa Sahabi ya bi ta bayan gida ya danƙa mini kuɗi. Ni Ige, ɗiyar masunta jikar masunta, da ban taɓa miƙa hannu ga abin da gumina bai jiƙa ba! To ku buɗe kunne. Ban yi boko ba, allo ma ban yi nisa ba, amma abin da idona ya gani yana nan daram cikin kaina.

Shagon yana bakin tasha nan Birnin Kebbi, daidai inda motocin Argungu ke lodi. In kun ji ana cewa shago kada ku ɗauka wani abin kallo ne. Ɗaki guda ne na laka da rufin kwano, sai rumfa a gaba mai benci biyu, sai murhuna a gefe jikin katangar da hayaƙi ya mayar baƙa ƙirin har tana ƙyalli. Amma a nan na tuƙa tuwon da ya raine ku duka. Tuwon shinkafa da miyar kifi, in sure ya samu a yi miyar sure. Shinkafar daga Zauro take zuwa, sabuwar casa. Kifi kuwa Manu ke kawo mini, wani Basarke masunci, maƙwabcinmu na Argungu da ya girme ni nesa ba kusa ba. Banda ce mai kyau, tarwaɗa da ragon ruwa, in ya buɗe kwando sai ƙanshin garinmu ya cika rumfa. Kafin hantsi ya ɗaga benci ya cika: direbobi, 'yan kamasho, 'yan kabu-kabu daga Ambursa, manoman albasa da laka har gwiwa. Ko na juya baya ina kwasar tuwo, da sallamar mutum na san ko wane ne. Na san mai son ƙanzo, na san mai son kan kifi, na san wanda yaji kaɗan ke sa shi tari amma ba ya yarda a rage masa. Akwai wani direba Bakatsine, Lawal, tun daga bakin titi yake fara tsokana.

"Ina Bakabiyar nan? Maza zuba wa ubangidanki tuwo!"

"Ubangidan da bai taɓa ganin ruwan da ya fi na buta ba? Zauna in cire maka ƙaya, kada ta sarƙe ka a ce Kabawa sun kashe bawansu."

Rumfa ta kwashe da dariya. Haka muke wuni. Wannan hayaniyar ita nake ji har yau a kunnena in gida ya yi shiru.

Yadda shagon ya zo hannuna sai na koma ga Kulu. Kulu ƙawata ce tun muna 'yan mata a Argungu muna zuwa gulbi wanki. Ƙawance munka ƙulla irin na da, wanda ake kai kwano da turare iyaye su sa albarka, ba irin na yanzu da ake yi cikin waya ba. Allah ya sa aure ya kawo mu gari guda. Ita ta auri Alhaji Arzika, dillalin albasa mai jerin shaguna a tasha, ni na auri babanku. Da ta haifi Sahabi ciwo ya kama ta a nono, yaro yana ta tsala kuka ba abin sha. Ni kuwa ina goyon yayanku, wanda kun san ba na kama sunansa. Ba wanda ya roƙe ni. Na je na ɗauke jaririn daga kan gado na sa a ƙirji, ɗaya dama ɗaya hagu, har Kulu ta miƙe. Don haka in kun ji Sahabi ya ce mini Inna, ba ladabin baki ba ne kawai. Nonona ya sha.

Haya na fara yi kamar kowa, a ɗaya daga shagunan Alhaji. Shekarar da babanku ya rasu, na fita takaba na dawo na buɗe shago, ina share yanar gizo ina tunanin yadda zan yi da ku, sai ga Alhaji Arzika. Manu yana nan yana sauke kifi. Sahabi yana biye da uban, ya zama saurayi gemu ya fara tsirowa, yana riƙe masa da lema. Alhaji bai ko zauna ba.

"Ige, daga yau na sauke miki haya. Ki zauna shagon ga har ranar da Allah zai karɓi abinai. In kin mutu ya koma ga magadana. Manu, ka shaida."

"Na shaida, Alhaji."

"Sahabi, ka ji?"

"Na ji, Baba."

Shi ke nan. Ba takarda, ba dangwale. Mutanen da, in sun faɗi magana ta zauna. Sai dai ni kun san halina, zama a banza a inuwar wani ba ya yi mini daɗi. Duk wata nakan ƙulle ɗan abin da ya samu a bakin zane in kai wa Kulu in ce na goro ne. Ta ƙi, in tura mata ƙarƙashin matashi in fito. Bayan Kulu ta rasu na ci gaba da aikawa gidan, da Alhaji ya bi ta ma ban fasa ba. Ni a wurina zumunci ne.

Da anka raba gado, jerin shagunan tasha ya faɗo ga Sahabi. Ba a daɗe ba munka fara jin wai zai rushe ya gina bene. Mai shayi ya tashi, mai faci ya tashi, ni ko a jikina. Rannan ina tsame kifi sai ga wani ya miƙo mini takarda. Na kai wa Bello, mai bi wa yayanku, shi da ke aikin gwamnati. Ya karanta ya sake karantawa, sannan ya ce, "Inna, cewa anka yi ki tashi." Na yafa mayafi na tafi gidan Sahabi da ƙafata. Ya fito ya durƙusa ya gaishe ni, ya sa an kawo mini ruwa mai sanyi. Ban sha ba.

"Inna, gari ya canza. Wurin ga ya wuce tuwo. Bari in kama miki wani shago a Badariya kusa da gida, ki huta da hawan mashin."

"Direban Argungu zai bar lodi ya biyo ni Badariya cin tuwo? Sahabi, dube ni. Kana tsaye ranar da ubanka ya yi magana."

"Ni ban riƙe ba, Inna."

"Ba ka riƙe ba, ko ba ka ji ba?"

Na tashi zan fito. Na ce masa in yana son shagon ya zo ya ɗauke ni da hannunsa, yadda na ɗauke shi da nawa. Bai zo ba, kotu ya tafi.

Tun da uwata ta haife ni ban taɓa taka kotu ba sai wannan karon. Alƙalin yana da shari'u jibge a gabansa, ko ɗago kai bai cika yi ba. Ya tambaye ni ko ina kai kuɗi gidansu Sahabi duk wata. Na ce ina kaiwa, na goro ne. Ya tambaye ni ko ina da takardar kyauta. Na ce Alhaji Arzika ba ya buƙatar takarda. Na buɗe baki zan ba da labarin ranar da Alhaji ya zo da lema, ya ce in amsa abin da anka tambaye ni kawai. Ya ce wanda ke biya duk wata ɗan haya ne, kuma mai wuri ya ba da wa'adi, wa'adi ya cika. Kun ji yadda goron da nake kai wa Kulu ya zama igiyar da anka ɗaure ni da ita.

Ranar da ma'aikatan kotu sunka zo tuwo yana kan wuta, na yi talge ke nan. Babbansu na san shi, ya sha cin kan kifi a bencina. Ya tsaya daga nesa yana sosa ƙeya.

"Hajiya, ki yi haƙuri, aike mu anka yi."

"Na sani. Amma ba a sauke tuwo ɗanye. Ku zauna."

Sunka zauna. Na tuƙa shi yadda na saba, na kwashe, na zuba wa duk wanda ke tasha a ranar, ban karɓi ko sisi ba. Ma'aikatan ma na tura musu kwano, sunka ci kai a sunkuye. Lawal Bakatsine ya zo, karo na farko ba tsokana a bakinsa, ya ci loma biyu ya tashi ya ce wai yajin ya shiga masa ido. Na wanke tukwanena tas, na share ɗakin har lungu, anka loda kaya a baro. Sannan sunka ja ƙofa sunka sa kwaɗo. Ban waiwaya ba sai da munka sha kwana, inda ba mai ganina.

Bello ne ya ce a ɗaukaka ƙara. Ni ban san ma alƙali yana da alƙali ba. Ya yi ta zirga-zirga, ya bar aikinsa, takalminsa har ya cinye. Da ranar ta zo, kotun ta fi waccan girma da natsuwa, babban alƙalin dattijo ne mai farin rawani, ba ya gaggawa. Ya bar ni na faɗi magana tun daga ciwon Kulu har ranar baro, bai katse ni ba.

"Hajiya, a can an nemi ki kawo shaidu?"

"Allah ya gafarta Malam, ba wanda ya tambaye ni."

"An ba wani rantsuwa, ke ko shi?"

"Ko ɗaya."

Ya yi rubutu mai tsawo. Da anka dawo ya ce ya soke wancan hukuncin, tun da na yi da'awar kyauta ba a saurari hujjata ba. A sake shari'a gaban wani alƙali, kuma kada wanda ya taɓa ginin sai an gama. A bakin kotu Bello ya rungume ni gaban mutane kamar ƙaramin yaro. A ranar na sa an fito da manyan tukwanena daga ɗaki an goge su da toka.

Amma makulli yana hannun kotu, shari'a kuma ba ta san sauri ba. Damina ta faɗi ta iske shagon a rufe. Nakan ce muku zan je kasuwa, alhali tasha nake zuwa. In tsaya tsallaken titi in yi ta duban ƙofar. Ruwa ya huda kwanon rumfa, benci ɗaya ya karkace, ciyawa ta tsiro a tsakiyar murhuna har ta yi fure. Direbobi suna zaune a gindin mota suna tura biredi da ruwan leda. In sun hange ni su taso.

"Hajiya, yaushe? Hanjinmu ya bushe!"

In ce, "Saura ƙiris, ku dai ku tanadi ciki." Hannuna na dama har ƙaiƙayi yake yi in hantsi ya yi, yana neman muciya.

Sabon alƙali ya ce in kawo shaidata. Shaida ɗaya gare ni a duniya, Manu, shi kuwa tsufa ya daɗe da zaunar da shi, ɗansa ke kawo mini kifi. Na shiga motar Argungu ni kaɗai. Fadama ta yi kore shar har iyakar gani, shinkafa tana kaɗawa, da munka kusa gari ƙanshin gulbi da hayaƙin banda ya shigo ta taga, sai na ji kamar zan sauka in iske uwata a tsakar gida. Na samu Manu a zaure kan tabarma. Ya rame ƙwarai. Yatsunsa suna ta motsi kamar mai ɗinkin koma, alhali ba komai a hannunsa. Na yi sallama na zauna. Ya daɗe yana dubana, sannan fuskarsa ta washe.

"Ige 'yar Inna! Ke kaɗai? Ina Kulu? Ku da ba ku rabuwa."

"Tana gida, Manu."

"Ku daina wanki a mashayar gabas, na faɗa muku akwai rami. Ke ba ki jin magana, ita ko duk inda kinka sa ƙafa nan take sawa."

Na bi shi a hankali, na ce ya tuna Alhaji Arzika, ya tuna ranar da ya zo shago da lema ya ce masa ya shaida? Ya gyaɗa kai ya ce ƙwarai kuwa, bana ruwa ya yi yawa, kifi ya shige ciyawa. Na sake tambaya ta wata hanya. Ya ce in gaishe da babana, in ce masa jirginsa yana yoyo. Surukarsa tana tsaye a bakin ƙofa, ta dube ni ta girgiza kai. Na ajiye masa goro na fito. Ban wuce tasha kai tsaye ba, na gangara bakin gulbi na zauna. 'Yan mata suna wanki suna watsa wa juna ruwa. Shaidata ta tafi, amma wallahi ba shago nake tunani ba a wannan zaman. Kulu nake tunani, da yadda take naɗe zane a ƙugu tana bin sawuna cikin ruwa.

Da na koma na faɗa wa alƙali gaskiya. Ya yi mini bayani dalla-dalla yadda zan gane. Ya ce tun da ba ni da shaida, rantsuwa ta hau kan wanda ya musa. In Sahabi ya rantse da Alƙur'ani cewa bai san ubansa ya ba ni zaman shagon ba, shago nasa ne. In ya ƙi rantsewa, rantsuwa ta dawo kaina, in na rantse in koma shagona har mutuwa. Ni kuwa da gaskiyata, ko sau goma ne sai in rantse. Na ji sanyi a raina, don na tabbata ɗan Kulu ba zai dafa Littafi a kan ƙarya ba. Alƙali ya juya gare shi. Bayansa ga 'yan uwansa, ga mutanen da sunka haɗa hannu da shi a kan ginin, duk sun zuba masa ido.

"Zan rantse," in ji Sahabi.

Anka sa rana, Jumma'a bayan La'asar, a masallaci.

Ku masu boko ku faɗi abin da kuke so. Ni na san abin da na gani. Muna yara a Argungu wani mutum ya rantse a kan jirgin marayu ya ce nasa ne. Basarke ne, cikin ruwa anka haife shi, yana nutso ya kamo giwan ruwa da hannu. Shekara ba ta zagayo ba anka tsamo shi a ruwan da bai kai ƙugu ba. Alƙur'ani ba ya gaggawa, amma ba ya mantuwa. Wanda ya tsira a duniya kuma yana da inda zai je ya iske abinsa. Bello ya yi ta kwantar mini da hankali. Ya ce ya tambayi waɗanda sunka san kotu, sun ce a gaban alƙali kowa jarumi ne, amma da yawa a ƙofar masallaci suke fasawa, in sun ga an kwance gafakar Alƙur'ani.

"Inna, cika baki ne. Ba zai iya ba. Ki dai yi shiru ki zuba ido, shago ya dawo."

Ranar Jumma'a mutane sunka cika harabar masallaci, rabin tasha ta zo. Ni anka shimfiɗa mini tabarma a gindin dogon yaro daga waje, inda nake ganin komai, Bello yana tsugune kusa da ni. Wakilin alƙali ya zo da Littafi cikin gafaka, liman yana tsaye gefensa. Anka ce Sahabi ya sake alwala. Ya ɗauki buta ya tsuguna, bai fi taku kaɗan daga inda nake ba. Ya karkata butar, ruwa yana ta zuba a ƙasa bai ko tara hannu ba. Bello ya matse mini hannu.

"Kin gani? Dubi hannunai! Zai fasa, wallahi zai fasa!"

Na gani. Amma na ga abin da Bello bai gani ba. Da ya zo shafar kunne, sai ya kama kunnen hagu ya yi ta murzawa, ya ƙi saki. Tun yana ɗan mitsitsi haka yake yi. In ya saci ƙanzo a tukunyata na tambaye shi, kafin ya ce ba shi ba ne sai ya kama kunnen nan. A nan na tabbata ya riƙe maganar ubansa sarai, ya san ƙarya zai dafa. Sannan ya ɗago ya dubi taron, ya dubi 'yan uwansa da abokan gininsa, na ga ya cije leɓe ya miƙe. Jinin Arzika ne, su ba su san ja da baya a gaban jama'a ba. Ko zai fasa in ya isa gaban Littafi, ko kunyar mutane za ta tura hannunsa, ban sani ba. Shi ma ina jin bai sani ba. Tsakaninsa da liman 'yar tafiya ce kaɗan. In na yi shiru na ɗan lokaci, ko dai in koma shagona, ko kuma yaron da ya yi barci a ƙirjina da nono a bakinsa ya sa hannu cikin wuta ina kallo. Wakilin alƙali ya fara kwance igiyar gafaka.

Ban san sa'ad da na miƙe ba.

"Malam! A mayar da Littafi. Na yafe rantsuwar."

Wakilin ya taho har inda nake, ya rage murya.

"Hajiya, kin san abin da kike faɗi? In kin yafe, shari'a ta ƙare, ba sauran ɗaukaka ƙara a kan wagga magana. Ki ɗan dakata mana. A nan da yawa ke fasawa."

"Na ji da kunnena. A ɗaure gafaka."

Bello ya riƙe mini mayafi yana cewa, "Inna, don Allah! Inna, mi kike yi haka? Mun ci fa, mun ci!" Na fizge abina. Sahabi yana tsaye inda yake, ruwan alwala yana ɗiga daga gwiwar hannunsa. Ya buɗe baki.

"Inna..."

"Kada ka Inna ni. Tafi ka gina benenka."

Na sa takalmina na bi ta tsakiyar mutane na fita, ba wanda ya tare ni.

Abin da ya biyo baya kun san shi, kuna gidan. Bello ya daina cin tuwona har anka girbe shinkafa, in ya shigo gaisuwa daga bakin ƙofa yake tsayawa. Ban ga laifinsa ba, shi ya sha rana. Kafin sanyi ya shigo katafila ta zo. An ce Lawal ya tsaya yana kallo har anka ture katangar murhu, sannan ya shiga mota ya ja ba tare da ya cika lodi ba. Sahabi ya aiko a faɗa mini shagon Badariya yana nan in ina so, na ce a gaya masa ban yi don a biya ni ba. Na gwada sayar da tuwo a ƙofar gida. Tuwon shi ne, miyar ita ce, amma masu saye yara ne da ake aikowa da kwano, su miƙo kuɗi su juya, ba mai ce mini Bakabiya, ba mai faɗa da ni a kan ƙanzo. Na gane ashe ba tuwo nake sayarwa ba duk shekarun nan. Na kife tukwane. Manyan biyun nan da kuke tara ruwa a ciki su ne.

Kuna tambayata ko na yi nadama. Kewa daban, nadama daban. Kewa kam ina yi, ba ranar da hantsi zai yi ban ga rumfar nan a idona ba, da hayaƙi yana bin hasken rana ta hudar kwano. Wani lokaci ina zaune sai in kama kaina ina lissafin wanda bai zo cin tuwo ba yau. Kuma har gobe ban san ko da na yi shiru zai fasa ba. Wataƙila da ya fasa. Wataƙila da yanzu ina can ina faɗa da 'yan kamasho. Wannan tambayar da ita za a binne ni.

Bara da azumi, da za a kai ni asibiti duban ido, mai keke ya bi da mu ta tasha. Na ce ya rage gudu. Bene ne hawa biyu, fari fat, masu waya a ƙasa, mai magani a gefe. Na yi ta neman daidai inda murhuna yake, na kasa ganewa, sai na ƙiyasta wajen wata ƙofar gilashi. A bakin ƙofar wani mutum yana zaune kan kujera da yarinya ƙarama a cinyarsa, tana ja masa hula yana dariya. Sai da ya juyo na gane Sahabi ne. Ya yi jiki, ya yi jika, gemun nan ya yi fari tas. Ya gan ni. Ya sauke yarinyar ya miƙe tsaye, ya rasa abin da zai yi da hannuwansa. Ban ce a tsaya ba, ban kuma kau da kai ba. Na dubi furfurar nan da kyau har na ƙoshi, don ni na san abin da na biya kafin ta fito. Sannan na taɓa kafaɗar mai keke na ce, "Mu tafi, ɗana."